Wanda Ya Ɗauki Koren Faifai

Ranar Litinin, tsakanin fita hutun azahar da dawowa, wani ya shiga ɗakin baya na shagon Injiniya ya share rumbu tas, ya kuma ɗauke faifai ɗaya daga cikin uku. Ba a ɓalle ƙofa ba, ba a karya kwaɗo ba.

Rumbun nan ba na hatsi ba ne. Injiniya akwatunan kallo yake sayarwa, irin ƙananan nan da ake jona wa talabijin, kuma gida sama da ɗari uku a unguwar da nasa suke kallo. Akwatin shi kaɗai ba ya nuna komai sai an zuba masa 'yan ƙananan manhajoji da ake kira ƙari. Wannan ƙari ya buɗe tashar labarai, wancan ta ƙwallo, wani kuma darussan yara. Duk akwatunan daga kwamfuta ɗaya suke jawo ƙarinsu, wadda ke ɗakin baya, ita ce rumbu. Rumbun yana da rajista, duk wanda ya saka abu sai sunansa ya zauna a ciki. Kowace Alhamis kuma akan kwafe shi gaba ɗaya, har rajistar, a zuba a faifan ajiya don ko-ta-kwana.

Tun Asabar masifar ta fara. Yara na tsakiyar kallon darasi sai hotunan banza suka riƙa faɗowa kan allo, irin waɗanda babba ma sai ya kau da kai. Litinin da safe iyaye suka cika shagon, kowa da akwatinsa a hammata da baƙar magana a baki. Baƙuwa, wadda ita ke kula da rumbu, ta ƙarar da safiyar tana toshe ƙarin da ya jawo abin, ta kuma faɗa a gaban kowa cewa da an dawo hutu za ta buɗe rajista a ga wanda ya saka shi. Aka dawo, babu rumbu, babu rajista, babu koren faifai. Sharewar kuma daga kan kujerarta aka yi, kwamfutar a buɗe da sunanta.

Kafin la'asar layin ya gama yanke hukunci. Ita ta saka, ita ta share don ta rufa wa kanta asiri. Shekararta huɗu a unguwar, ta yi gaisuwar mutuwa a gidajensu, ta gyara musu akwati kyauta, amma har yau ba wanda ya ga dalilin canza mata suna daga Baƙuwa. Mai gidan hayarta ya ce ta fara haɗa kaya. Injiniya ya karɓe makullanta, ya ce in la'asar ɗin Talata ta yi ba a sami wani bayani ba, hannun 'yan sanda zai miƙa ta.

*

Talata da safe Injiniya ya aika a kira masa Mai Sawu.

Tsohon ya yi shekara shida da barin aiki. A zamaninsa shi ake kira in an kore dabbobi ko an haura katanga, ya duƙa ya karanta ƙasa, ya bi ta har ƙofar mai laifi. Abin da aka fi saninsa da shi, bai taɓa karkatar da sawu don kowa ba. Kwamfuta kam bai san kanta ba bai san gindinta ba, kuma ya faɗa wa ɗan aiken haka. Amma yarinya za ta shiga hannu a kan zato, shi kuma zato ne abin da ya fi tsana a duniya. Ya sauko da tsohuwar jakarsa daga ƙusar da ta shekara shida a kai, ya kakkaɓe ta, ya rataya. Ya ji ta yi masa nauyi, ya ce a ransa tsufa ne ya cinye kafaɗar.

A ƙofar shago ya tarar da ɗansa Auta, wanda ke aiki a wurin tun kafin zuwan Baƙuwa. Shi kaɗai ne ba a kalla da ido ɗaya, don Talatar makon jiya ya yi tafiya saro akwatuna, sai Lahadi ya dawo, lokacin hotunan sun riga sun kwana suna yawo. Da ya hango uban sai ya tsaya cak, sannan ya taho da sauri yana miƙa hannu.

"Baba, kawo jakar in riƙe maka."

Mai Sawu ya ce masa ranar da ya kasa ɗaukar jakarsa, ranar za a ɗauke shi da ita. Masu zaman benci suka yi dariya. Auta bai yi ba, uban ya ɗauka tashin hankalin shago ne.

*

Ɗakin baya ɗan ƙarami ne, tebur biyu, fanka mai ƙara, taga mai ƙarfe. A jikin bango akwai kabad mai ragar waya da kwaɗo, faifan ajiyar a ciki suke zama. Makullin ɗakin da na kabad ɗin mutum uku ke da su: Injiniya, Baƙuwa, Auta.

Mai Sawu ya tambayi yadda ake ajiyar. Injiniya ya sosa ƙeya, ya ce shi fa ya fi shekara biyu bai taɓa faifan nan ba, harkar masu saye ta ishe shi, ya dai san uku ne. Ya juya ga Auta, don shi ya ƙirƙiro tsarin tun farko.

Auta ya yi bayani tiryan-tiryan. An ɗiga wa kowane faifai fenti: ja, kore, shuɗi. Wannan Alhamis a kwafe rumbu a ja, mai zuwa a kore, ta gaba a shuɗi, sannan a koma ja. Ba a tsallake, ba a juya. Alhamis ɗin kafin tafiyarsa ja aka yi, don haka wadda ta wuce ta kore ce. Ja zai iya dawo musu da aiki, amma an kwafe shi kafin mugun ƙarin ya shiga, ba zai faɗi sunan kowa ba. Kore kaɗai ke da sunan, shi kuma ya tafi.

"To wanne ya fi daɗewa hannu bai taɓa shi ba?" in ji tsohon.

"Shuɗi. Kwana goma sha tara yau."

Mai Sawu ya kara fuskarsa da ragar. Bai ce a buɗe ba. Ƙurar da fanka ke watsawa ta kwanta a kan katakon, wurin kore ya bar zane mai kusurwa huɗu. A kan ja ƙura ta zauna sosai, za ka iya rubutu da yatsa. Shuɗi kuwa bayansa fes, ɗan hazo-hazo kawai, ga kuma alamar an jawo shi an mayar, bai koma daidai kan tsohon zanensa ba. Faifan da aka ce ya fi kowanne daɗewa a ajiye, shi ne ya fi kowanne tsabta. Bai gane ma'anar wannan ba, ya dai ajiye shi a ransa, ya ce kada kowa ya taɓa kabad ɗin.

Ya fita ta ƙofar baya. Akwai 'yar hanya mai laushin ƙasa a bakin kwata, sawu biyu a kai. Ɗaya takalmi mai faɗi ne, ya zo har ƙarƙashin taga, ya tsaya a kan yatsu, ya koma. Ɗayan ya fito daga ƙofar ne ya yi gabas, taku a buɗe na mai sauri, diddigen hagu yana ɗan jan ƙasa. Wannan sawun ba sai ya duƙa ba. Ya san shi tun ranar da mai shi ya fara tafiya yana riƙe da gefen rigarsa. Ya ce wa kansa yaro a nan yake aiki, hanyar gida kuma gabas take, ya ɗauke kai ya bi mai faɗin.

*

Sawun ya kai shi shagon kwana, inda Gajere ke sayar da irin akwatunan Injiniya. Shekara uku shi da Injiniya ba sa ga-maciji, kuma tun jiya rabin waɗanda suka mayar da akwati can, nan suka yo. Gajere na ganin tsohon yana kallon ƙafarsa ya fara rantsuwa kafin a tambaye shi.

Da ƙyar aka samu magana ta fito. E, ya je bayan shagon jiya da rana. Ya ji labarin abin kunyar ne, ransa ya yi fari, ya ce bari ya leƙa ya ga yadda fuskokinsu suka koma. Ya ɗage ya leƙa ta taga, labule a sake, bai ga kowa ba, ya dai ji ana danna kwamfuta da sauri, sai kuma ƙarar kwaɗo. Ya ɗauka Baƙuwa ce ba ta fita hutu ba.

Mai Sawu ya tambaye shi, da shi ne ya samu shiga, wane faifai zai ɗauka. Gajere ya yi tsaki, ya ce shi da zai shiga ai ba zai tsaya zaɓe ba, duka ukun zai kwashe har kwamfutar, ya bar musu fankar ta yi musu fifita. Ya faɗa sannan ya tuna da wanda yake magana, ya sake sabuwar rantsuwa.

Tsohon ya bar shi. Mutumin mugun fata gare shi, amma ba a kai mutum ga hukuma don mugun fata, da layin ya zama kango. Kuma ya faɗi gaskiya ɗaya ba da niyya ba: ɓarawon waje ba ya zaɓe. Wanda ya ɗauki faifai ɗaya ya bar biyu, ɗan gida ne da ya san tsarin.

*

Ya sami Baƙuwa a ɗakin hayarta, akwatin kaya a buɗe a tsakar ɗaki, ba ta saka komai a ciki ba tukuna. Ta shimfiɗa masa darduma, ta kawo ruwa. Idonta ya kumbura amma muryarta ba ta rawa.

Ta ce ta fita hutu tare da kowa, ta je kantin magani, mai kantin zai shaida in yana da ƙarfin hali. Kwamfutar kuwa kullum a buɗe take barinta da rana, ɗakin ai a kulle yake, wannan sakacinta ne kuma ta amsa shi. Sannan ta gaya masa dokar da suke aiki da ita: duk sabon ƙari sai ya yi kwana bakwai a akwatin gwaji kafin ya shiga rumbu, don wasu ƙarin lafiya lau suke zuwa, sai sun kwana biyu su nuna halinsu. Wannan bai taɓa shiga akwatin gwaji ba. Wani ne ya zura shi kai tsaye.

Ya tambaye ta wa take zato, ta ce ba ta zato, ta ga abin da zato ya yi mata. Ya tambaye ta shuɗin faifai, me ya sa ba ƙura a kansa. Nan ta ɗago ta dube shi, karo na farko tun shigowarsa, ta daɗe tana dubansa.

"Baba, ka yi haƙuri. Akwai maganar da in na faɗe ta yanzu, kafin la'asar abin da ya rage min ma zai ɓace. Makullina na hannunsu, nasu na hannunsu."

"'Yata, ni ba ɗan shagon ba ne."

"Na sani. Amma wanda zan gaya wa, sai wanda ba shi da kowa a shagon."

Ta faɗa da ladabi, kanta a ƙasa. Da zagi ne da ya fi masa sauƙi. Shekara arba'in ana ba shi amana ba a tambayar ɗan wa ya shafa, yau yarinya ta gwammace ta kwana a hannun 'yan sanda da ta ba shi. Ya ji haushi, ya kuma ji tsoro, don ya san haushin na rashin abin da zai kare kansa da shi ne. Ya sha ruwan ya tashi.

*

Saura mutum ɗaya a shagon da ba wanda ya tambaya komai. Mai Dalma yana da tebur a lungu, bayan tulin matattun akwatuna, yana liƙe waya daga safe zuwa yamma. Mutum ne da in ka gaishe shi sai ya duba bayansa ya ga ko da wani kake. Ba shi da makullin ɗakin baya, amma ya san tsarin faifan, don duk wanda ya samu matsala teburinsa yake zuwa.

Mai Sawu ya ja kujera ya zauna kusa da shi. Bai yi maganar sata ba. Ya tambaye shi dalma, da yadda ake gane ta kama, ya bar shi ya saki jiki. Can ya ce, koren nan da ya ɓata, yaushe rabonsa da shi.

Mai Dalma ya ce Asabar. Ya ajiye abin liƙin, ya duba hagu ya duba dama, ya rage murya. Ranar Alhamis Baƙuwa ta jona kore za ta yi kwafi, ya ƙi kamawa, bakin da ake soka waya ya yi lako-lako. Ta kawo masa. Da yake ba ta yarda Alhamis ta wuce ba kwafi, sai ta tsallake ta ɗauko shuɗi ta zuba a ciki. Shi kuma ya gyara kore, Asabar ta mayar da shi kabad. Ba a zuba masa komai ba, abin da ke cikinsa tsohon kwafi ne na kusan wata guda.

"Wa ya san wannan?"

"Ni da ita. Injiniya yana waje da masu saye, ko an gaya masa ma launin ba ya zama a kansa." Ya ɗauki abin liƙin. "Auta kuma yana hanya."

Ya ce jiya bayan an karɓe makullan Baƙuwa, da za ta fita ta roƙe shi kada ya faɗa wa kowa, shi kuma dama a shagon nan ya lura duk wanda ya buɗe baki shi ake fara kallo.

Mai Sawu ya gode masa. Ya miƙe.

*

Ya fita ya zauna a kan dakali a gefen kwata, inda sawun nan na biyu ya bi. Rana ta karkata. Ya jera abin a ransa sau uku, ko zai fito daban, ya ƙi.

Ɓarawon waje duka zai kwashe. Injiniya bai san wanne ne wanne ba. Baƙuwa da Mai Dalma sun san kore fanko ne, da ɗayansu ne, shuɗi zai ɗauka. Wanda ya ɗauki kore mutum ne da ya haddace tsarin har ya yarda da shi ido rufe, kuma bai nan ranar da aka tsallake. A duniya mutum ɗaya ne haka, kuma shi ya raɗa masa suna.

Hanya a buɗe take in yana so. Ya koma ya ce wa Injiniya ido ya tsufa, sawu ya ɓace masa. Ba wanda zai zarge shi. Ko ya ja yaron gefe ya raɗa masa kalma ɗaya, shuɗi ya bi kore, magana ta mutu. Yarinyar za ta sha wuya, amma ita dama baƙuwa ce, za ta koma inda ta fito. Ya ji wannan tunanin ya ratsa shi da muryar mutanen layi, kunya ta kama shi kamar an gan shi.

Ya tuna jikarsa, 'yar Autan, ranar Asabar da ta rugo ɗakinsa ta ɓoye fuska a cinyarsa ta ƙi faɗin abin da ta gani. Ya tuna yaron da ya dawo Lahadi aka ba shi labari, ya ture kwanon abinci ya ce gajiyar hanya ce. Duk ya gani. Karantawa ce ya ƙi yi.

Ya tashi ya aika a kira Baƙuwa.

*

Aka taru a ɗakin baya, Injiniya a bakin ƙofa, Baƙuwa a tsaye jikin bango, Mai Dalma a lungu, Gajere da aka kira yana ta gyara hula, Auta kusa da taga. A waje layin ya cika, ana jiran a fito da ita.

Mai Sawu ya fara da sallamar Gajere, ya ce ya je, amma ya rage leƙen tagar mutane. Sannan ya nuna musu kabad ɗin ta cikin raga, ƙurar da ke kan ja, da bayan shuɗi mai tsabta. Ya sa Mai Dalma ya maimaita abin da ya faɗa. Mutumin ya maimaita yana kallon ƙafarsa.

Injiniya ya fi kowa jinkirin ganewa. Da ta faɗo masa sai ya zaro makulli, ya ce ashe sunan yana nan cikin shuɗi, a jona yanzu kowa ya gani.

"Dakata," in ji tsohon. "Faifan ba zai gudu ba. Ina so mai shi ya riga shi faɗa."

Bai kalli kowa ba da ya faɗi haka. Fanka na ta ƙara. Sannan ya juya wajen taga.

"Auta. Da safe na tambaye ka wanne ya fi daɗewa a ajiye, ka ce shuɗi, ka ƙirga min har kwanaki. Ba ƙarya ka yi min ba, abin da ka sani ka faɗa. Wanda ya buɗe kabad ɗin nan jiya ma abin da ya sani ke nan."

Yaron ya zame ya zauna a ƙasa. Maganar ta fito a gutsure. Wani ne a zauren hira na waya ya ba shi ƙarin, ya ce yana buɗe tashoshin ƙwallo goma sha biyu. Masu saye sun dame su da zancen ƙwallo, Gajere na janye su. Ya gwada na awa ɗaya ya ga lafiya, washegari zai yi tafiya, ya ga kwana bakwai sun yi masa nisa, ya zura shi a rumbu don ya dawo ya tarar ana yabonsa. Da ya ji za a buɗe rajista, ya tuna 'yarsa na cikin yaran da suka gani, sai kansa ya kulle. Ya ce wallahi bai yi nufin abin ya faɗa kan Baƙuwa ba, kujerarta ce kawai a buɗe.

"Jiya ba ka yi nufi ba," in ji Baƙuwa a hankali. "Yau fa? Tun safe kana nan."

Auta ya sunkuyar da kai. Uban ma bai nema masa mafita ba.

"Ina ka kai koren?" in ji Mai Sawu.

Idon Auta ya tafi kan kafaɗar uban ya tsaya. Mai Sawu ya bi idon. Ya sauke jakar a hankali, ya buɗe, ya wuce igiyar awo da tsohon madubin ido, ya zura hannu a aljihun ciki. Ya fito da faifan, ɗigon koren fenti a bayansa.

Yaron ya zaɓi wurin da ya tabbata ba mai bincikawa a unguwar nan, jakar da ta shekara shida a kan ƙusa, a ɗakin mutumin da ba a taɓa zargi ba. Tsohon ya yini yana yawo da kayan sata a kafaɗa, ya shiga da shi har ɗakin wadda aka ɗora wa satar, ya sha ruwanta. Wannan ya fi komai yi masa ciwo, kuma bai ɓoye ba, hawaye ya sauko masa a gaban yara.

Injiniya ya matso ya rage murya. Ya ce Baba, don darajarka a bar maganar a ɗakin nan. A ce wa mutane kuskuren na'ura ne, Baƙuwa ta karɓi makullanta, kowa ya tafi gida.

Mai Sawu ya share fuska da hannun riga. Ya ce a waje aka yanke mata hukunci, da sunanta, don haka a waje za a warware shi, da sunan mai shi. Abin da Injiniya da iyayen yara za su yi da yaron bayan nan, nasu ne, ba zai roƙi kowa ba. Ya miƙa wa Baƙuwa faifan da hannu biyu.

"Kin yi daidai da ba ki gaya min ba, 'yata. Na zauna a kan dakalin can na yi tunanin abin da kika ji tsoro."

Ta karɓa. Ta juya ta karɓi makulli a hannun Injiniya ta nufi kabad.

Auta ya fita ya tsaya a gaban layi ya faɗa da bakinsa, uban na tsaye a bayansa. Waɗanda suka fi kowa ɗaga murya jiya su suka fara tuna suna da aiki a gida. Mai gidan haya ya sulale ta bayan benci. Daga ɗakin baya ana jin Baƙuwa ta jona shuɗi, rumbu ya fara dawowa.

Injiniya ya ce yaron ya je gida, gobe iyaye za su zauna a kan maganarsa. Suka bi 'yar hanyar bakin kwata, ɗan a gaba, uban a baya. Mai Sawu yana tafe yana kallon ƙasa don ya saba, sabon sawu na sauka a kan na jiya, diddigen hagu na jan ƙasa. Jakar ta koma yadda ya santa, ba nauyi ko kaɗan. Ya sauya mata kafaɗa sau biyu kafin su kai gida, ciwon bai bar wurin ba.